Gidan Bashi Nawa Yake Tsaya Wa Mai Shi? Tambayoyi da Amsoshi ga Mutanen Sakkwato

Wata rana da la'asar sakaliya wani ƙanena ya same ni zaune a ƙofar gida a Mabera, yana riƙe da takardu uku da aka ba shi a banki. Bakinsa har kunne. Za a ba shi lamunin naira miliyan 10 ya sayi gida, ya riƙa biyan abin da bai kai dubu 60 ba a wata. Ya ce, "Yaya, ai wanga kyauta ta." Na karɓi wayarsa, na buɗe kalkuleta, na ninka biyan wata na naira 59,955 sau 360, wato watannin shekara 30, na miƙa masa. Ya duba, ya goge fuskar wayar da hannun riga, ya sake dubawa. Can sai ya ce, "Ashe gida biyu za ni saye, in shiga guda."

Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda shi da ire-irensa suka yi ta jefo mini tun daga lokacin. Miliyan 10 da za a yi ta gani misali ne kawai, don lissafi ya yi sauƙi. Mai neman miliyan 20 sai ya ninka komai biyu.

Me ake nufi da lamunin gida na jingina?

Bashi ne da banki zai ba ka domin ka sayi gida ko ka gina, gidan kuma shi ne jingina. Za ka tare da iyalinka, amma takardun mallaka suna hannun banki har ranar da ka biya kobo na ƙarshe. Jingina ba baƙuwa ba ce a wurinmu, kakanninmu sun sha jinginar da gonaki. Sai dai a jinginar gona mai kuɗi shi ke noma ta. A nan kai ke zaune cikin gidan, shi kuma mai kuɗi yana lissafa maka watanni.

Idan na karɓi naira miliyan 10, nawa zan mayar?

Abu biyu ke yanke wannan hukunci: yawan kuɗin ruwa da tsawon shekarun biya. Bari mu tsayar da ruwan a kashi 6 cikin 100 a shekara, wanda da wuya a samu ƙasa da shi a Najeriya, mu riƙa sauya shekaru.

Wanda ya zaɓi shekara 30 zai riƙa ba da naira 59,955 duk wata, kafin ya gama ya zuba kimanin miliyan 21 da dubu 580. Wato ruwan kaɗai ya fi uwar kuɗin yawa. Wanda ya zaɓi shekara 20 zai riƙa ba da 71,643, jimillarsa miliyan 17 da dubu 190. A shekara 15, biyan wata ya zama 84,386, jimilla miliyan 15 da dubu 190. A shekara 10 kuwa 111,021 ne a wata, jimilla miliyan 13 da dubu 320.

Ka dubi na shekara 30 da na shekara 20 da kyau. Tazarar da ke tsakaninsu a wata ba ta kai dubu 12 ba, amma a ƙarshe ta kusa miliyan 4 da dubu 400. Mai tallar lamuni adadin wata-wata zai fara faɗa maka, domin shi ne mai daɗin ji. Kai kuma jimilla za ka tambaya, kuma ka ce a rubuta maka ita.

Na shekara goma ina biya ba fashi, amma bashin kamar bai motsa ba. Cuta ta ake yi?

Galibi ba cuta ba ce, haka lissafin yake, sai dai ba kowa ake zaunar da shi a yi masa bayani ba. Ana auna ruwan kowane wata ne a kan abin da ya rage na bashi. A watan farko ana bin ka miliyan 10 cif, ruwan wata guda a kai naira dubu 50 ne. Cikin 59,955 da ka biya, banki ya ɗebi dubu 50 nasa, naira 9,955 kacal suka taɓa uwar kuɗi. Wata na biyu bashin ya ɗan ragu, ruwan ya ɗan sauka da 'yan nairori, haka ake tafiya, tafiyar hawainiya.

Bayan shekara 5 ka zuba kusan miliyan 3 da dubu 600, amma har yanzu ana bin ka miliyan 9 da dubu 300. Bayan shekara 10 ka zuba miliyan 7 da dubu 190, saura miliyan 8 da dubu 370. Sai ka yi kimanin shekara 18 da rabi kana biya kafin abin da ke rage uwar kuɗi a wata ya fi abin da ruwa ke ci. Ko a shekara ta 20, fiye da rabin bashin yana nan: miliyan 5 da dubu 400.

Wannan yana da muhimmanci ga ma'aikacin tarayya da ake iya ɗauka daga Sakkwato a kai shi Gusau ko Abuja ba shiri. Idan ka tashi sayar da gidan a shekara ta biyar, kada ka sa ran abin da ka biya ya zama naka. Mafi yawansa ya tafi a ruwa. Abin da zai cece ka shi ne idan darajar gidan ta tashi. Saboda haka ne nake cewa kowa ya nemi jadawalin biya tun kafin ya sa hannu, takardar da ke nuna kowane wata nawa ne ruwa, nawa ne uwar kuɗi, nawa ya rage.

Wa ke ba da lamuni a kashi 6 ɗin?

Asusun Gidaje na Ƙasa, NHF, wanda aka kafa da doka a 1992 zamanin mulkin Janar Ibrahim Babangida, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, ke kula da shi. Shi ne kashi 2.5 cikin 100 da ma'aikata da yawa ke gani ana cirewa a takardar albashinsu ba tare da sun taɓa tambayar ina yake zuwa ba. Wanda ya yi aƙalla wata shida yana zubi ya cancanci neman lamuni, a kashi 6, har tsawon shekara 30. Ba FMBN za ka je ya ƙirgo maka kuɗi ba: yana ba ƙananan bankunan lamunin gidaje a kashi 4, su kuma su ba ka a kashi 6. Shekaru da dama miliyan 15 ce iyakar abin da ake bayarwa, daga baya aka ɗaga zuwa miliyan 50. Ɗan kasuwa mai zaman kansa ma yana iya yin rajista ya riƙa zubi. Wanda kuma bai taɓa cin lamunin ba, ana mayar masa da zubinsa idan ya yi ritaya.

Tsadar wannan hanya a jira take. Takardu kan ɗauki lokaci kafin kuɗi su fito, mai gida kuwa ba lallai ya jira ka a tsohon farashi ba.

Albashina zai iya ɗauka?

Ƙa'idar da ake bi ita ce kada biyan wata ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da kake samu. Don haka mai son miliyan 10 a shekara 30 sai ya kasance yana ɗaukar kimanin dubu 180 a wata. Mai karɓar mafi ƙarancin albashi na dubu 70 da aka amince da shi a 2024, abin da zai iya ci bai kai miliyan 4 ba, wanda a unguwanni da yawa na cikin gari ko fili ba zai saya ba.

Sannan ga shekaru. Banki yana son ka gama biya kafin ka ajiye aiki, mafi yawan ma'aikatan gwamnati kuwa suna ritaya ne a shekara 60 da haihuwa ko 35 da kama aiki. Mai shekara 45 ba za a ba shi shekara 30 ba, 15 za a ba shi. Biyansa ya koma 84,386, albashin da ake nema daga gare shi ya haura dubu 250. Abin takaici, a shekarun da mutum ke fara tunanin gida da gaske, a lokacin ne ƙofar ta fara ƙunci.

To bankunan kasuwanci fa?

Nan ne ake yin ta. A watan Nuwamba na 2024 Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 cikin 100, bankunan kasuwanci kuwa da wannan ma'auni suke auna nasu. Mu ɗauki kashi 25 a matsayin misali. Miliyan 10 a shekara 10, biyan wata naira 227,493, jimilla miliyan 27 da dubu 300.

Sai ka ce bari a tsawaita zuwa shekara 20 don a samu sauƙi. Biyan wata zai sauko zuwa 209,821, ragin da bai kai dubu 18 ba. Jimilla kuwa ta haura miliyan 50. Ka ƙara wa kanka shekara goma da miliyan 23 don ragin dubu 18. Dalili shi ne ruwan watan farko kaɗai naira 208,333 ne, komai tsawon da aka ba ka ba za ka sauko ƙasa da shi ba. A ganina, mai albashi da ya ci irin wannan bashi don gidan da zai kwana ciki, ba gidan da zai kawo masa kuɗi ba, ya ɗauko dala ba gammo.

Akwai kuma abin da ake rubutawa da ƙananan haruffa: cewa banki na da ikon sauya ruwan idan kasuwa ta sauya. Ka tambaya ƙarara, ruwan nan tsayayye ne ko mai hawa da sauka?

An ce mini ruwansu kashi 15 ne kawai. Ai da sauƙi ko?

Kashi 15 a kan me? Akwai lissafi iri biyu. A na farko ana auna ruwa kan abin da ya rage, kamar yadda muka yi a sama. Miliyan 10 a shekara 10 ta wannan hanya 161,335 ne a wata, jimilla miliyan 19 da dubu 360. A na biyu ana auna ruwan kan uwar kuɗin farko har ƙarshe, kamar ba ka taɓa biyan komai ba: miliyan ɗaya da rabi duk shekara, sau goma, miliyan 15, a haɗa da uwar kuɗi ya zama miliyan 25. Suna ɗaya, kashi 15, amma bambancin ya haura miliyan 5 da rabi. Kashi 15 irin na biyu daidai yake da kimanin kashi 22 irin na farko. Ana yawan samun irin na biyun a wajen masu sayar da gida biya-sannu da wasu ƙungiyoyin ma'aikata.

Ban da ruwa, akwai wani kuɗi da zan biya?

Akwai, kuma kusan duka a farko ake biyansu, daga aljihunka, lokacin da aljihun ya fi bushewa. Tushen abin dokar filaye ce ta 1978, wadda ta damƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna. Abin da kake riƙe da shi izinin zama ne, galibi na shekara 99, kuma ba a jinginar da shi sai da amincewar gwamna. Banki ba ya karɓar takardar ciniki da aka rubuta a gaban mai unguwa da shaidu, komai amincin shaidun. Takardar shaidar mallaka yake so, wadda kowa ke kira C of O. Gidaje da yawa a tsofaffin unguwanni gidajen gado ne da ba su taɓa ganin irin wannan takarda ba, shi ya sa lamuni ya fi tafiya da sababbin rukunin gidaje.

Don haka ka shirya wa kuɗin safiyo da zanen fili, kuɗin binciken takardu a ma'aikatar filaye don a tabbata ba a jinginar da gidan a wani wuri ba, kuɗin neman amincewar gwamna, kuɗin kan sarki da na rajistar jingina. Ga lauya, ga mai ƙiyasta darajar gida, ga la'adar dillali. Bankin ma yana da kuɗin hidimarsa, wanda ƙa'idar Babban Banki ta ce kada ya wuce kashi 1 cikin 100 na lamunin. Sai inshorar gobara da ta rai, su kuma ba sau ɗaya ake biya ba, duk shekara ne, haka ma harajin fili.

Kowannensu shi kaɗai ba ya tayar da hankali. Ka sa jami'in bankin ya jera maka su a takarda guda da adadin kowanne, ka tara da kanka.

Ina zan samo kuɗin kafin alƙalami?

A tsarin NHF an sassauta: ƙaramin lamuni da bai wuce miliyan 5 ba ba a neman kafin alƙalami, daga nan zuwa miliyan 15 kashi 10 cikin 100 ne. Bankunan kasuwanci sun fi haka nema. Tun watan Satumba na 2022 hukumar fansho ta ƙasa, PenCom, ta ba mai asusun fansho na zubi damar ɗaukar har kashi 25 cikin 100 na abin da ya tara don wannan buƙata, idan ya yi wata 60 ana zuba masa. Ma'aikatan jami'a da na asibitin koyarwa da sauran na tarayya suna cikin masu wannan dama. Sai dai a tuna, abincin tsufa ne aka ɗebo. Wanda ya sayar da shanu ko gonar fadama don ya haɗa kuɗin shi ma ya sa abin da dukiyar za ta haifa masa cikin lissafin tsadar gidan.

Malam, mu bar zancen lissafi. Wannan ba riba ba ce?

Tambayar da ta fi kowace zuwa ke nan a Birnin Shehu, kuma ita ya kamata a fara da ita. Hausa ma ta ɗan rikita mu a nan, domin a rubuce riba ta ciniki da riba ta haram iri ɗaya suke, sai a baki ake bambance su. Aya ta 275 ta Suratul Baƙara ta raba su sarai: Allah ya halatta ciniki, ya haramta riba. Bashin da aka shardanta ƙari a kansa, jumhurin malamai riba suke kiransa, ko kashi 6 ne ko 25. Ni ba mai ba da fatawa ba ne. Ka ɗauki takardun ka kai wa malamin da ka yarda da iliminsa da tsoron Allahnsa, ya karanta sharuɗɗan da kansa.

Akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa. Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021. Hanyoyin da irin waɗannan bankuna ke bi a harkar gida sanannu ne a fiƙihu. A murabaha banki ya sayi gidan ya sayar maka da riba sananniya, ka biya sannu a hankali. A ijara banki ke da gidan, kana biyan haya, a ƙarshe mallaka ta dawo hannunka. A musharaka mai raguwa ku yi tarayya, kana sayen kasonsa kaɗan-kaɗan kana biyan hayar abin da ya rage nasa.

Amma kada wani ya ɗauka halal na nufin araha. Su ma kasuwanci suke yi, a ƙasa ɗaya, da naira ɗaya. Tambayar ba ta sauya ba: jimilla nawa? A murabaha amsar a fili take, domin farashi ba ya sauyawa bayan an ƙulla ciniki. Amma ka tambaya ko za a yi maka rangwame idan ka biya da wuri, don farashin ya riga ya zama bashi a kanka gaba ɗaya. A ijara kuma ka tambaya ko ana sake duba kuɗin hayar, kuma duk bayan wane lokaci.

Wani ya ce da wannan tsadar rayuwa, mai cin bashi ne ke da riba. Gaskiya ne?

Akwai ƙamshin gaskiya, kuma shi ya sa ban ce wa ƙanena ya yaga takardunsa ba. Miliyan 21 da za a biya cikin shekara 30 ba miliyan 21 ta yau ba ce. Hukumar ƙididdiga ta ƙasa ta ce a Disambar 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 cikin 100. Ko da a ce farashi zai riƙa tashi da kashi 15 kacal a shekara, nan da shekara 10 naira 59,955 za ta sayi abin da bai kai na dubu 15 na yau ba. Dubi mafi ƙarancin albashi: dubu 18 a 2011, dubu 30 a 2019, dubu 70 a 2024. Wanda ya fara biyan dubu 10 a wata a 2011 fiye da rabin ƙaramin albashi yake bayarwa, a 2024 kuwa kashi ɗaya cikin bakwai.

Wannan magana ta tsaya ne a kan ƙafa biyu. Ruwan ya zama tsayayye kuma ƙasa da hauhawar farashi, sannan samunka ya riƙa ƙaruwa. Albashi kuwa kowa ya san a baya yake tafiya. Buhun gero ba ya jiran kwamitin ƙarin albashi ya zauna. Shekarun farko su ne masu zafi, a nan ne mafi yawan masu faɗuwa ke faɗuwa.

Ba gara in sayi fili in riƙa gini a hankali ba, kamar yadda kowa ke yi?

Haka mafi yawan gidajen Sakkwato suka tashi: bana fili, baɗi harsashi, a yi adashe a kai linta, a sayar da amfanin gona a yi rufi. Babu ruwa, babu mai bin ka, ranar da babu sai a dakata. Ni ma ita na fi so wa mai samun da ba shi da tabbas, kamar ɗan kasuwa ko manomi.

Sai dai ita ma ba kyauta ba ce. Buhun siminti da bai kai dubu 5 ba a farkon 2023 ya ninka a 2024, alhali ga masana'antar siminti nan kusa da mu a Kalambaina. Rodi da kwano da katako duk sun bi sahu. Wanda ya shekara takwas yana gini ya sayi ƙarshen kayansa da farashin da bai taɓa mafarki ba, yana kuma biyan haya duk tsawon lokacin. Je ka gefen gari ka ga kangaye, bulo ya sha rana da ruwa har yana marmashewa, awaki sun mayar da falo makwanci. Kuɗi ne a tsaye. Idan za ka kwatanta, ka haɗa hayar shekarun jira da tashin kaya a gefe guda, ka sa ruwa da kuɗin takardu a ɗaya gefen.

Na karɓi makulli. An gama kashe kuɗi?

Ina! Da kana haya, iskar farkon damina ta yaye kwano, mai gida kake kira. Yanzu kai ne mai gidan. Zafin Maris zuwa Mayu da ke haura digiri 40 zai sa ka nemi sola ko janareta ko kana so ko ba ka so. Sabuwar unguwa da famfo bai kai ba, ko ka haƙa rijiyar burtsatse ko ka zama abokin 'yan garuwa na dindindin. Katanga, sokawe, fenti, gara. Gidan da ya yi araha don yana bayan gari kuma, a gidan mai zai karɓi cikonsa: litar fetur da ba ta kai naira 200 ba kafin a cire tallafi ranar 29 ga Mayu 2023 ta haura dubu ɗaya kafin ƙarshen 2024. Ka auna nisan wurin aiki da makarantar yara kafin ka yaba farashi.

Idan na samu rarar kuɗi, biya da wuri yana da amfani?

Sosai, musamman a shekarun farko. Ƙara dubu 10 kacal a kan 59,955 duk wata zai sa bashin shekara 30 ya ƙare a kimanin shekara 21, ka tsira da kusan miliyan 4. Abu biyu za ka tabbatar: babu tarar biya da wuri a yarjejeniyar, kuma ƙarin a uwar kuɗi ake sa shi, ba ajiye shi ake yi a matsayin biyan wata mai zuwa ba.

Idan na kasa biya, ko ta Allah ta kasance?

Jinkiri yana da tara. Ƙa'idar Babban Banki ta ba bankuna damar ɗora har kashi 1 cikin 100 a wata kan abin da ba a biya ba, ban da ruwan da ke gudana. Tun 2020 kuma akwai tsarin da ya ba banki damar ɗebo kuɗin da yake bin ka daga asusunka na wasu bankunan ta hanyar lambar BVN. Idan abu ya yi nisa, gidan ake sayarwa, banki ya cire nasa da kuɗin ɗawainiya, saura a ba ka, idan akwai saura. Wanda ya ga alamar zai gaza, ya je da ƙafarsa tun kafin a aiko masa da takarda, ya nemi a sake tsara masa biya. Ɓuya da kashe waya ba sa tsayar da lissafi.

Rasuwa kuwa, Suratun Nisa'i ta bayyana cewa ba a raba gado sai an fitar da bashi da wasiyya. Gidan da ke jingine ba na magada ba ne tukuna. Amfanin inshorar rai ko takaful, wato inshorar Musulunci, ke nan: ta biya abin da ya rage, a bar marayu a ɗakinsu. Ka tabbata ana sabunta ta duk shekara. Kuma ka sanar da uwargida ko babban ɗanka inda takardun suke da sunan bankin. Maza da yawa ba sa faɗa wa iyali ana bin gidan bashi, sai bayan sadakar uku a ga baƙi da fayil.

Na biya na ƙarshe. Sai me?

Kada ka tsaya a saƙon waya da ya ce bashi ya ƙare. Ka rubuta wa bankin takarda ka nemi shaidar kammala biya, da takardar sakin jingina, da asalin C of O ɗinka, ba kwafi ba. Ka duba ko an daina cire kuɗin daga albashi, domin wani lokaci umarnin cirewa yakan ci gaba har sai an je an tsayar da shi. Daga nan ka ɗauki takardar sakin jinginar ka kai ma'aikatar filaye a yi mata rajista. Idan ba ka yi haka ba, a kundin gwamnati gidan yana nan a jingine, kuma ranar da kai ko 'ya'yanka kuka tashi sayarwa, lauyan mai saye shi zai fara gano hakan. Ita ma rajistar akwai ɗan kuɗinta, sai ka tafi da shiri.